Kasausawa a Tsaye

Duk wanda ya saba jiran bas a bakin titin nan na Silver Spring, inda dogon benen jan bulo yake fuskantar shagon kayan miyar Afirka, da zai ɗaga kai ko sau ɗaya da ya gan ta. Wata doguwar sanda ce tsaye a barandar hawa na biyu, an rufe mata kai da tsohuwar safa, an ɗaure da igiyar takalmi. To amma wa zai ɗaga kai? Mutanen garin nan wuyansu ya riga ya lanƙwashe a kan waya, ko sama za ta faɗo sai dai su gani a cikinta. 'Yan tsirarun da idonsu ya taɓa kaiwa wurin sun ɗauka abin goge ɗaki ne wani tsoho yake shanyawa.

Tsohon dai Baba Dabo ne, sandar kuwa ba ta goge-goge ba ce. Kasausawa ce, kuma ba don ado yake kafa ta ba. Abu ɗaya yake nema da ita a ƙasar nan: a samu mutum ɗaya tak da zai riƙa duba ta, ya kuma san abin da take faɗa.

Yau ko a gida ka ce kasausawa, yaro zai tambaye ka ko sunan wani ƙauye ne a hanyar Gusau. Wani irin mashi ne, amma ba wanda ake jifa da shi ba. Sandarta ta fi namiji tsawo, ruwanta, wato ƙarfen da ke kai, ya kai tafin hannu faɗi, kuma da hannu biyu ake riƙe ta. A zamanin da gari yake kwana a cikin ganuwa, da irinta dakaru suke tsare ƙofa. Kakannin Dabo maƙera ne a wani ɗan gari arewa da Zariya, su suke ƙera wa garinsu. Da yaƙe-yaƙe suka ƙare, maƙeran suka koma fartanya da lauje, tsofaffin makamai suka shiga wuta suka fito garma. Guda ɗaya ce ta tsira a gidansu, ita ma don ta sami sabon aiki ne.

Ga aikin. Kullum da safe maigida ya fito da ita ya kafa a ƙofar maƙera, da magariba ya shigar. Wanda ya gan ta tsaye ya san gidan lafiya, sai ya yi sallama ya shigo. In aka yi rasuwa, maigida ya kwantar da ita a gicciye a bakin ƙofa, ba sai an aiki kowa ya faɗa ba, unguwa za ta taru da kanta. Sai dai akwai sharaɗi, kuma a nan gizo yake saƙa. Hannun da ya kwantar ba ya tayarwa, haka nan duk wani ɗan gidan. Sai maƙwabci, wanda babu jini a tsakani, ya zo don kansa bayan an yi zaman makoki ya tayar da ita. Ba a kuma roƙon kowa. Kakan Dabo yakan ce gidan da ya rasa mai tayar masa da kasausawa ya zama kango, ko da mutane suna kwana a ciki. Babu wani gida a garin da yake yin haka bayan nasu, amma kowa ya iya karatun.

Da haka kalmar ta shiga bakin 'yan gidan ta zauna. Ba sa fara gaisuwa a tsakaninsu sai da "Kasausawa a tsaye?", a amsa, "A tsaye." In suka ce kasausawar su wane ta kwanta, an san an yi rashi, ko da su wanen ba su da ko tsinke a ƙofarsu. Mutumin da bai iya zama da jama'a ba kuwa sai su ce wannan ba shi da mai tayarwa, kuma babu zagin da ya kai wannan zafi a wurinsu. Shi kansa Dabo, da ya tashi dogo zanƙalele da ƙaton kai, yayansa Maitama ya dube shi wata rana ya ce, "Kai dai kasausawa aka haifa mana." Sunan ya bi shi. Da masu kiransa da shi suka yi ta tafiya ɗaya bayan ɗaya, sai ya rage a bakin Maitama kaɗai.

Lokacin da cacar biza ta faɗo kan Dabo, wajen shekara talatin ke nan, Maitama bai ce masa kada ya tafi ba. Maƙera ya shiga, ya ja zugazugi da kansa, ya ƙera sabon ruwan kasausawa. Ya naɗe shi a tsohon zani ya cusa masa cikin akwati tsakanin daddawa da kuka.

"Sanda kuwa ka nema a can," in ji shi. "Na ji an ce su ma suna da itatuwa. In ka yi gida ka kafa."

Dabo ya yi wanke-wanke a gidan abinci, ya yi gadin wurin ajiye motoci, ya sha sanyin da har yanzu gwiwoyinsa ba su yafe masa ba. Amma barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Ranar da ya hango tartsatsin walda a wani shago, ƙafarsa ta ƙi wucewa sai da ya shiga ya nemi aiki. A nan ya ƙare ƙarfinsa, yana haɗa shingen ƙarfe da ƙofofi da ƙarafan taga. Shi da aka haifa a gidan da zaurensa ba shi da ƙyaure, ga shi yana ƙera wa mutane abin da za su tsare kansu daga maƙwabtansu. Abin yakan ba shi dariya, amma bai taɓa yin ha'inci a aikin ba.

A wurin wani suna ya haɗu da Safura, 'yar zangon Kumasi mai aikin kula da tsofaffi, wadda ta ce masa Hausarsa irin ta kakanni ce, sai an sa mata tabarau kafin a gane ta. Ranar da suka tare a wannan bene ya sayo doguwar sandar masu fenti, ya fere kanta, ya sa mata ƙarfen Maitama, ya cika bokiti da yashi ya kafa ta a baranda. Safura ta riƙe ƙugu ta ce, "Wato duk faɗin Amurka kai kaɗai aka bar wa yaƙi?" Amma ita ce ta fara ɗaga kai in ta sauko daga bas, kuma in ta shigo sai ta ce, "Na gan ta."

Ba a jima ba manajan gidan ya hau ya buga ƙofa, ya ce wani ya kai ƙara, ba a ajiye makami a baranda, in ba a sauke ba 'yan sanda za su zo. Dabo ya so ya yi masa bayani, Turancin ya ƙi haɗuwa. Safura ce ta ɗauko tsohuwar safarsa ta zura wa ƙarfen. Da manaja ya dawo ya ga tsumma a kan sanda, ya gyaɗa kai ya tafi abinsa. Dabo ya ji kunyar kakanninsa ƙwarai, amma da babu gara ba daɗi.

A wancan zamani benen cike yake da mutanensu. Kana hawa matakala kana jin ƙamshin waken Safura daga nan, miyar kuka daga can, yara suna shiga kowane ɗaki kamar na uwarsu. Shi ya sa da ciwon daji ya ɗauke Safura, Dabo ya kwantar da kasausawa bai yi wata fargaba ba. Falo ya cika, har a matakala aka zauna. Da aka watse, Alhaji Mumin na ƙofar kusa, ɗan garin su marigayiyar, wanda ya sha jin labarin al'adar a wurin shan shayi, ya tashi ba tare da kowa ya ce masa uffan ba ya je ya tayar da ita.

Daga nan zaman ya fara zarewa. Masu tuƙi suka koma Sterling kusa da filin jirgi, masu 'yan kuɗi suka sayi gidaje a Clinton, Alhaji Mumin ya tattara ya koma Kumasi ya ce a can zai mutu. Waɗanda suka maye gurbinsu mutanen kirki ne, ba a ce ba, suna yi masa murmushi a matakala, amma ko sunansa ba su sani ba, shi ma bai san nasu ba. 'Yarsa ɗaya, Afnan, ta sami aiki a Seattle, can ɗaya ƙarshen ƙasar. Tana kira duk Lahadi, yana yi mata Hausa tana amsawa da Turanci. Tana sonsa, wannan babu shakka. Ita ta aiko masa da wani ɗan maɓalli da ake ratayawa a wuya, ta ce in ya faɗi ya danna, motar asibiti za ta zo. Ya gode mata, ya rataye shi a jikin ƙusar kicin. Shi ba waɗanda ake biya su zo yake nema ba.

Sai aka yi abin da ya hana shi sukuni. Wani tsoho a hawan sama ya mutu a ɗakinsa, babu wanda ya sani sai da wari ya faɗa. Dabo yana tsaye a bakin ƙofa aka sauko da shi a cikin baƙar jaka. Ya tambayi mutum biyu sunan mamacin, duk suka ɗaga kafaɗa. Tun daga ranar tsoro ya shige shi, ba na mutuwa ba, don wanda ya binne matarsa ya gama sabawa da ita. Tsoronsa shi ne ya zama shi ne mutumin da ake cewa ba shi da mai tayarwa.

Abin da ya rage masa shi ne wayar Maitama. Tsohon ya daina ƙira, ido ya yi rauni, amma bai daina kira ba. In rana ta take a can, nan ana karyawa, sai waya ta yi ƙara.

"Kasausawa!" zai ce, da muryar nan tasa mai kama da an ja guduma a kan tsakuwa. "Kasausawa a tsaye?"

"A tsaye, Yaya."

"Ka sami mai dubawa?"

"Ana nan ana nema."

"Hm. Gari duk mutane, babu mai ido."

A baranda yake amsa wayar, don a nan ta fi kamawa, kuma da ƙarfi yake magana irin ta wanda bai yarda waya za ta kai saƙo ita kaɗai ba. Wata safiya yana cikin "A tsaye, Yaya, a tsaye!" sai ya ji daga ƙasa an ce, "Sannu, Baba!" Saura kaɗan wayar ta suɓuce masa. Wata mata ce gajera cikin shuɗin kayan asibiti, da jaka a kafaɗa, idanunta sun yi ja don rashin barci. Ta ce sunanta Kaneng, 'yar Bukuru ce, nas ce a wani gidan kula da tsofaffi, aikin dare take yi, kuma a hawan ƙasa na wannan bene take zaune.

"Baba, wannan mof ɗin naka na goge ɗaki ba ya bushewa ne?" ta ce. "Tun da na zo gidan nan yana wurin."

Ai kuwa ta taɓo masa inda yake ƙaiƙayi. Ya ce ta hau, don Allah ta hau. Ta hau don girmamawa, ta tsaya a bakin ƙofa ba ta ko cire takalmi ba. Mutumin da ya daɗe bai sami mai saurare ba bai iya tsakuro magana ba, sai ya juye ta gaba ɗaya. Ya faro daga ganuwa, ya bi ta kan kakansa, ya shiga yadda ake gane ƙarfe ya nuna a wuta, ya zare safa ya nuna mata ruwan. Kaneng tana "Allah sarki, Baba," tana danne hamma da bayan hannu. Ya kai ga cewa a tsaye lafiya ke nan, a kwance kuwa mutuwa ce, sai ya ga matar nan tana tangaɗi a tsaye. Kunya ta kama shi, ya yanke zancen bai kai ga batun mai tayarwa ba.

"Je ki kwanta, 'yata. Na cika ki da surutu."

"Ba komai, Baba. Zan riƙa dubawa."

Wannan magana ta ƙarshe Dabo ya ɗauke ta ya ajiye a zuciya, ya riƙa juya ta. Shin alkawari ne, ko irin abin da ake faɗa wa tsoho ne don a samu a tafi? Ya koma laɓewa a bayan labule lokacin da bas ɗinta yake isowa, namiji guda da furfura, yana leƙen ko za ta ɗaga kai. Wata rana takan ɗaga masa hannu in ta gan shi a baranda. Amma in ya ɓuya, sai ya ga ta sauko kanta a ƙasa, tana jan ƙafa, ta shige ba ta dubi sama ba. Ya gwada ya sake gwadawa, duk haka. Ya ce a ransa to shi ke nan, ita ma da nata, wadda ta kwana tana juya tsofaffin wasu ina ta ga ƙarfin ɗaukar wani tsohon kyauta. Bai ji haushinta ba, amma abin ya yi masa ciwo. Da Maitama ya sake tambaya ko an sami mai dubawa, ya ce ana nan ana nema.

Wata safiya cikin kaka, itatuwan bakin titi sun zubar da ganye, ya fito ya kafa kasausawa ke nan waya ta yi ƙara. Lambar Maitama ce. Bai jira ba, ya ɗauka yana dariya.

"A tsaye, Yaya!"

Sai wata murya wadda ba ta Maitama ba, muryar babban ɗansa, ta ce, "Baba, ni ne. Kasausawa ta kwanta. Yanzu muka dawo daga kai shi."

Dabo ya yi salati, ya yi wa yaron ta'aziyya yadda ya kamata babba ya yi, ya tambayi ko ya sha wahala, aka ce a'a, bayan asuba ne ya ce zai ɗan kishingiɗa. Da aka kashe waya ya tsaya riƙe da ƙarfen baranda. Ƙasa mutane suna ta shiga bas. Hawaye bai zo ba. Abin da ya zo masa shi ne lissafin da ba ya so.

In ya kwantar da ita, shi ke nan, ba shi da ikon sake taɓa ta. Babu Alhaji Mumin, babu kowa a benen nan da ya san ana tayarwa, roƙo kuma ba a yi. Za ta zauna a kwance har ranar da za a zo kwashe kayansa, gidansa ya tabbata kango da bakin kakansa. In kuwa ya bar ta tsaye, wa zai sani? Babu mai tuhumarsa a duk faɗin ƙasar nan. Sai dai ita kasausawar za ta riƙa faɗa wa titi cewa gidan nan lafiya, alhali wanda ya ƙera ta yana cikin ƙasa. Dabo ya yi tsaye har rana ta taɓa masa fuska. Sannan ya kwance igiyar takalmi, ya zare safar ya jefar gefe, don bai ga dalilin da Maitama zai tafi da tsumma a ka ba. Ya ciro ta daga yashi da hannu biyu ya kwantar a gicciye a gindin ƙarafan baranda.

Ya shiga ciki ya yi abin da ake yi. Ya ture kujera ya shimfiɗa babbar tabarma, ya ajiye ruwa da kofuna da ɗan dabino a faranti, ya buɗe ƙofar falo ya tokare ta da takalmi, ya zauna a gefe ɗaya da carbi. Afnan ta kira ta yi kuka, ta ce za ta nemi hutu ƙarshen wata. Mutanen Sterling suka turo saƙonni a waya, kowa da addu'arsa mai kyau, wasu ma da hoton hannaye a ɗage. Zumunta a ƙafa take, in ji mutanen da, amma ba su ga zamanin da ta koma babban yatsa ba. Wajen la'asar ya ji taku ya tsaya a ƙofarsa, sai ya gyara hula. Wani saurayi ne daga ɗakin ƙarshe ya leƙo, ya ce masa cikin ladabi da Turanci ya manta ƙofarsa a buɗe. Ya ture takalmin da ƙafa ya ja masa ita ya rufe.

Dabo ya tashi ya sake buɗewa. Kashegari ma ya shimfiɗa tabarma, da wanda ya biyo baya. Ruwan yakan zubar ya sake sabo. Da safe in lokacin kafawa ya yi, sai ya tarar da kansa a bakin baranda hannu a miƙe, ya tuna, ya mayar da hannun aljihu. Bai taɓa jin kaɗaici irin na waɗannan kwanaki ba, ko a farkon zuwansa da bai san kowa ba, don a lokacin yana da wanda zai ba labari.

Ranar da ya yi niyyar naɗe tabarmar ya haƙura, yana zaune da hantsi, sai ya ji ana hawan matakala a guje, ana haki, ana kiran sunansa.

"Baba! Baba Dabo! Wayyo Allahna, Baba!"

Kaneng ta faɗo falon da jakar tafiya a hannu ɗaya, waya a ɗaya, fuska sharkaf da hawaye. Ta gan shi zaune da carbi yana kallonta. Ta ja birki. Ta dube shi sama da ƙasa irin duban nas, sannan ta saki jakar, tsoron ya juye ya zama faɗa.

"Haba Baba! Haba! Ka kashe ni! Kai ka ce in ya kwanta mutuwa ne! Na riga na fara danna lambar ambulan!"

"Kin gani?" Shi ke nan abin da ya iya cewa. "Kin gan ta?"

"Yaya ba zan gani ba? Kullum ina dubawa tun daga cikin bas, da mun sha kwanar nan ake hangowa. In na ga yana tsaye sai in ce to Baba yana lafiya, in je in kwanta. Ƙanwata ce ta haihu a Clinton na je na zauna da ita, yau na dawo, ina ɗaga ido na ga abu a ƙasa."

Tun daga cikin bas. Shi kuwa yana bayan labule yana jiran ta ɗaga kai a bakin titi, yana yanke mata hukunci. Ya sunkuyar da kai.

"Mutuwar ce, 'yata," ya ce. "Ba tawa ba ce. Yayana ne, Maitama, wanda ya ƙera ta."

Sai a lokacin Kaneng ta ga tabarmar, da kofunan da ba wanda ya taɓa, da takalmin da aka tokare ƙofa da shi. 'Yar Bukuru ba sai an faɗa mata mene ne wannan ba. Ta koma bakin ƙofa ta cire takalmanta, ta ciro gyale daga jaka ta rufe kai, ta zo ta durƙusa a gefen tabarma.

"Sannu, Baba. Ya haƙuri?"

"Haƙuri sai ma'aiki." Amsar da ya yi kwanaki yana riƙe da ita ke nan babu wanda zai ba.

"Allah ya ji ƙansa. Allah ya ba ka haƙuri."

"Amin, amin. Na gode."

Ta zuba ruwa ta sha, ta ɗauki dabino ɗaya, don ta san ba a barin kayan makoki haka. Ta ce ya ba ta labarin mamacin. Wannan karon bai juye ba. Ya faɗa mata kaɗan: yadda Maitama yake ɗaukarsa a kafaɗa su tsallake rafi, da yadda ya raɗa masa suna saboda ƙaton kansa. Ta yi dariya, ta dubi kan, ta ce gaskiya marigayi bai yi ƙarya ba.

Da ta tashi tafiya ta leƙa baranda ta ce, "To Baba, ba za ka ɗaga shi ba? Kada gobe ma in sake gudu."

"Ba ni da ikon taɓa ta."

"Don me?"

"Wanda ya kwantar ba ya tayarwa. Ɗan gida ma ba ya tayarwa."

"To wa ke tayarwa?"

Dabo ya dubi carbinsa. Amsa tambaya ba roƙo ba ne, ya faɗa wa kansa, amma ya tsaya daidai nan, bai ƙara ko harafi ba.

"Maƙwabci."

Kaneng ta dube shi, ta gane abin da tsohon nan ya yi wa kansa da ya kwantar da ita a gidan da bai san yana da kowa ba.

"Baba, ni mace ce. Kuma ka san coci nake zuwa."

"Ba a ce namiji ba, ba a ce Musulmi ba. Maƙwabci aka ce."

Ta ajiye wayarta a kan tabarma ta fita baranda ba takalmi. Ta sunkuya ta kama da hannu ɗaya, ta ji nauyi, ta ce, "Kai!", ta sa na biyu. Sandar ta fi ta tsawo nesa ba kusa ba, ƙarfen ya bugi rufin baranda sau ɗaya kafin ta daidaita. Ta cusa gindin a yashi, ta danna da ƙafa. Ta ɗan karkace, amma ta tsaya. Ta ga safar a gefe ta ɗauka, Dabo ya ce ta bari tukuna, yau dai ta sha iska, gobe a mayar.

"Akwai abin da ake faɗa?" ta tambaya, hannunta yana kan sandar.

"Mai tayarwa yakan tambayi gidan. Ya ce, kasausawa a tsaye?"

Ta juyo ta fuskance shi daga bakin baranda, ta gyara gyalenta, ta faɗa a hankali don kada ta ɓata.

"Baba, kasausawa a tsaye?"

Ya buɗe baki. Ya ɗauka tambayar nan an binne ta tare da Maitama, ba zai sake jin ta daga bakin kowa ba har ya mutu. Kukan da ya ƙi zuwa tun ranar waya ya taso masa gaba ɗaya, ya rufe fuska da hannun riga, kafaɗunsa suna girgiza. Kaneng ba ta ce ya yi shiru ba. Ta tsaya riƙe da sandar tana jira, har ya samu ya share ido ya ɗago.

"A tsaye, 'yata," ya ce. "A tsaye."